Jiki Magayi, Amma Ban Da Cikin Gajimare

Duk wanda ya taɓa tashi daga filin jirgin sama na Kano a tsakiyar hunturu ya san abin da za mu faɗa. Jirgi na barin ƙasa ka leƙa ta taga ka ga rufin kwano da layukan unguwanni, kafin ka gyara zama hazo ya haɗiye su. Babu sama, babu ƙasa, sai wani fari mai ruwan toka ta ko'ina. Mu fasinjoji ba ruwanmu, mun jingina muna jiran a kawo shayi, domin mun ɗauka matuƙin da ke gaba yana hangen abin da ba mu hange ba. Alhali shi ma abin da ke bayan gilashinsa ke nan. Bambancinmu da shi ɗaya ne: idonsa na kan wasu agoguna da ke gabansa, yana zagaya su bi da bi cikin wani tsari da aka koya masa har ya zame masa jiki. Wannan zagayen ido, wanda bai fi 'yan sakanni ba kafin a sake shi daga farko, yana da tarihinsa, kuma da rayukan mutane aka biya kuɗin koyonsa.

Hausawa na cewa jiki magayi, kuma a doron ƙasa maganar ba ta da gyara. Ko ka rufe ido ka san a tsaye kake ko a kishingiɗe. Da wannan imanin matuƙan farko suka hau sama, bayan 'yan'uwan nan biyu, Wilbur da Orville Wright, sun tashi a Amurka a watan Disamba na 1903. A wurinsu gwani shi ne wanda ke jin jirgi a jikinsa: iska a kumatu, kukan wayoyin da suka ɗaure fukafukai, nauyin mazaunai a kan kujera. Agogo kuwa kayan sabon hannu ne. Muddin rana na haske kuma ana ganin layin nan da sama ta haɗu da ƙasa, babu wanda ya ƙaryata su. Sai dai ba su san cewa idonsu ne ke yi musu aikin ba, jiki na karɓar yabo kawai.

A can cikin kunnen kowane ɗan Adam akwai 'yan bututu uku masu lanƙwasa, cike da ruwa. In kai ya juya, ruwan ya ɗan makara kafin ya bi, ya tura wasu ƙananan gasu, su kuma su kai wa ƙwaƙwalwa labari. Abin na da tasgaro biyu. In juyin ya zo a hankali ƙwarai, kamar digiri ɗaya ko biyu a sakan, kunne ba ya jin komai. In kuma juyin ya daɗe bai sauya ba, bayan kamar sakan ashirin ruwan ya kamo tafiyar bututun, sai kunne ya ce an daina juyawa. Ka tsaya cak a wannan lokacin, ya rantse maka cewa yanzu ɗaya gefen kake juyawa. Wanda ya yi wasan hajijiya yana yaro ya ɗanɗani wannan, amma shi yana da ƙasa a ƙarƙashinsa da zai faɗa kanta ya yi dariya.

Wani zai ce, to a rataya ɗan ƙarfe da zare mana, irin wanda magina ke gwada miƙewar bango da shi, ai zai nuna ƙasa. An gwada, bai yi ba. In jirgi ya karkata yana kwana yadda ya kamata, ƙarfin kwanar da nauyin duniya suna haɗuwa su ja komai zuwa daɓen jirgin, ko da daɓen na fuskantar gefe. Shi ya sa shayinmu ba ya zuba in jirgi na kwana. Wani shahararren matuƙin Amurka, Bob Hoover, ya sha nuna wannan ta hanyar tsiyaya shayi a kofi yana mirgina jirgi har ya kife ya dawo daidai. Zaren magina, ruwan kofi, ruwan kunne, duk ƙarya ɗaya ake yi musu.

Ga yadda mutuwar ke zuwa. Matuƙi ya shiga gajimare, fiffike ɗaya ya ɗan sunkuya a hankali bai ji ba. Jirgin da ya karkata hancinsa kan faɗi, gudu ya ƙaru. Matuƙi ya ji ƙarar iska ta ƙaru, ya san yana gangarowa, sai ya ja sandar tuƙi don ya ɗago hanci. Amma da yake a karkace yake, jan sandar sai ya ƙara matse da'irar, gangarowar ta ƙara tsanani, shi kuma ya ƙara ja. Har zuwa sa'ar da zai fito ta gindin gajimare ya ga ƙasa a inda bai zata ba, jikinsa na gaya masa a miƙe yake. Matuƙan Amurka sun sa wa wannan suna mai nufin murɗawar maƙabarta.

Maganin ya fito daga abin da yaranmu suka sani a wasan katantanwa: abin da ke juyawa da sauri ba ya son a karkatar da shi. Elmer Sperry, wani maƙerin na'urori a New York, ya gina sana'arsa kan wannan ƙa'ida, da ƙaramin faifan ƙarfe mai gudun gaske da ake kira jairoskof. A watan Yuni na 1914 ɗansa Lawrence ya wuce ta gaban 'yan kallo a kan kogin Seine kusa da Paris, ya ɗaga hannayensa biyu sama, makanikensa na tsaye a kan fiffike, jairoskof na riƙe da jirgin. Kafin a gama Yaƙin Duniya na Ɗaya kamfanin ya fitar da wani ɗan agogo mai allura ɗaya, wadda ke karkata dama in jirgi na juyawa dama, hagu in hagu. Za mu kira ta allurar juyi. Da a ce samun na'ura shi ne ƙarshen zance, da labarin ya ƙare nan.

Matuƙa suka ƙi yarda da ita. Ƙorafinsu, wanda ya daɗe yana yawo a filayen jirage, shi ne cewa allurar na aiki lafiya lau a sarari, amma da zarar an shiga gajimare sai ta haukace. Haka suke zargin kamfas, har wasu na cewa akwai wani maganaɗisu a cikin gajimare da ke ruɗa shi. Bai kamata mu yi musu dariya ba. Mutum ne da ya yi shekaru goma yana tuƙi bai taɓa ganin jikinsa ya yaudare shi ba, ga wata 'yar allura tana ce masa yana juyawa, shi kuwa yana jin kansa a zaune daram. Waɗanda suka gano gaskiyar allurar a makare ba su dawo sun ba da labari ba.

Wanda ya warware ƙullin wani hafsan sojan saman Amurka ne mai suna William Ocker. A 1926, a sansanin Crissy da ke San Francisco, ya je gwajin lafiyar da ake yi wa matuƙa. Likitan, David Myers, yana da wata kujera mai juyawa, irin wadda aka samo daga aikin Robert Bárány, likitan kunnen da ya ci kyautar Nobel ta 1914. Yakan zaunar da matuƙi, ya sa shi rufe ido, ya juya shi, ya rage gudu, ya tsayar, yana tambayarsa ina yake juyawa. Ocker ya faɗi jarrabawar kamar kowa. Amma shi ya daɗe yana yawo da allurar juyi a jiragensa, don haka ya tafi ya dawo da ita a cikin wani akwati mai ramin leƙawa da 'yar tocila a ciki. Ya sake hawa kujerar, ya kifa fuska a akwatin, ya daina sauraron jikinsa, yana karanto abin da allura ta nuna. Bai kuskure ko sau ɗaya ba.

A ganinmu wannan ita ce ranar da ta fi kowace muhimmanci a wannan tarihi, ko da yake ba jirgin da ya tashi. A ranar ne aka gane cewa jiri a cikin gajimare ba rashin ƙwarewa ba ne, halitta ce, kuma ana iya koya wa mutum ya ji abu a jikinsa ya ƙi aiki da shi. Harshenmu ya riga ya tanadi magana a kan wannan, gani ya kori ji, kuma da yake "ji" a Hausa ya haɗa na kunne da na jiki, da wuya a sami karin maganar da ta fi ta dacewa. Manyan Ocker ba su ga haka ba. Ya dame su da zancen har aka tura shi a duba lafiyar ƙwaƙwalwarsa. Shi da wani matashin hafsa, Carl Crane, wanda shi ma ya taɓa tsallake rijiya da baya a cikin gajimare, suka ci gaba da gwaje-gwaje. Har tattabaru suka rufe wa ido suka sake su daga jirgi, don su rufe bakin masu cewa ai tsuntsu ba ya buƙatar agogo. Tattabarun suka kasa tashi a miƙe. A 1932 mutanen biyu suka fitar da littafi sukutum a kan abin da ake kira tuƙin makanta a lokacin.

Kafin littafin ya fito, wani ya riga ya nuna wa duniya abin a aikace. Ran 24 ga Satumba, 1929, a filin Mitchel kusa da New York, James Doolittle ya shiga kujerar baya ta wani ƙaramin jirgin koyo, aka ja masa rumfar zane ta rufe shi ruf. Ya tashi, ya yi zagaye na kusan minti goma sha biyar, ya sauka, bai ga waje ba ko sau ɗaya. A kujerar gaba akwai Benjamin Kelsey don ko-ta-kwana, wanda ya ɗaga hannayensa inda kowa zai gani. Asusun iyalan Guggenheim ne ya biya kuɗin aikin. Abubuwa uku sababbi ne a gaban Doolittle, ban da siginar rediyo da ke nuna masa hanya. Akwai ma'aunin bisa da wani Bajamushe ɗan ci-rani, Paul Kollsman, ya ƙera, wanda ya fi na da tsantseni nesa ba kusa ba. Akwai jairoskof mai riƙe alƙibla, wanda ba ya rawa in ana kwana kamar kamfas. Sai kuma uwa-uba, agogon da kamfanin Sperry ya yi masa, mai ɗan hoton jirgi a tsakiya da layi a bayansa, layin na kwaikwayon mahaɗar sama da ƙasa. Shi za mu riƙa kira agogon mahaɗa.

To, yanzu agoguna sun yi yawa, ido kuma guda biyu ne masu kallon wuri ɗaya. Wanne za a fara duba, wanne zai biyo? Amsar farko da ta yaɗu ta wani matuƙin jirgin wasiƙu ce, Howard Stark, wanda ya koya wa kansa, ya kuma buga ɗan littafinsa a farkon shekarun 1930. Tsarinsa ɗaya, biyu, uku ne. Ka fara dawo da allurar juyi tsakiya da ƙafa. Sannan ka dawo da 'yar ƙwallon da ke ƙarƙashinta tsakiya da sanda. Sannan ka dubi ma'aunin gudu ka gyara hanci. Ka koma kan ɗaya. Hikimar na cikin jerin: sai an tsayar da juyi kafin a taɓa hanci, wato daidai akasin abin da jiki ke umartar mai faɗawa murɗawar maƙabarta. Wannan shi ne kakan duk wani zagayen ido da ake koyarwa yau.

Gwamnati ba ta farka ba sai da ta ga gawa. A watan Fabrairu na 1934 Shugaba Roosevelt ya soke kwangilolin jigilar wasiƙu na kamfanoni, ya miƙa aikin ga sojan sama, a tsakiyar mugun sanyi. Matuƙan soja sun saba da tashi da rana cikin sarari. Cikin 'yan watanni aka yi haɗura da dama, matuƙa fiye da goma suka mutu. A lokacin ne aka tuna da Edwin Link, ɗan wani mai masana'antar kayan kiɗa a garin Binghamton, wanda tun 1929 ya harhaɗa wani akwati mai siffar jirgi da zugazugan da ake sa wa molon coci mai iska. Ɗalibi ya shiga a rufe, akwatin na karkata yana juyawa, ba abin dogaro sai agoguna. Kafin nan masu wuraren wasan yara ne manyan abokan cinikinsa. Soja suka sayi guda shida a 1934. A Yaƙin Duniya na Biyu an ƙera fiye da 10,000, kuma matuƙa wajen rabin miliyan sun yi gumi a cikinsu.

Ingila ta bi ta wata hanya. A 1937 sojan samanta ya yanke cewa agoguna shida na tuƙin makanta za su zauna a kan faranti ɗaya, a jeri ɗaya, a kusan kowane jirgi: a sama ma'aunin gudu, agogon mahaɗa, ma'aunin hawa da sauka, a ƙasa ma'aunin bisa, alƙibla, allurar juyi. Matuƙin da ya bar ƙaramin Spitfire ya shiga ƙaton Lancaster, idonsa zai tarar da kowane agogo inda ya bar shi. Jiragen da aka harhaɗa a Takoradi tun daga 1940, aka bi da su ta Legas, Kano, Maiduguri, Fort Lamy da Khartoum zuwa Masar, da yawansu da wannan farantin suka ratsa hazonmu. A Amurka kuwa Kanar Joseph Duckworth, tsohon matuƙin jirgin fasinja, ya buɗe makarantar malaman tuƙi da agogo a Bryan ta jihar Texas, yana koyar da cewa a bar bin allura da ƙwallo kaɗai, a mayar da agogon mahaɗa cibiya, a tuƙa jirgi da shi kamar yadda ake tuƙa shi da mahaɗar gaske. Ran 27 ga Yuli, 1943, ya ɗauki ƙaramin jirgin koyo mai inji ɗaya ya shiga tsakiyar guguwar teku da gangan, ya fito, ya sake komawa a ranar da wani fasinjan.

Har zuwa nan, kowa na faɗin yadda ya kamata ido ya yi ne. Ba wanda ya duba abin da ido ke yi da gaske sai bayan yaƙi, a sansanin Wright da ke jihar Ohio, inda wani masanin halayyar ɗan Adam, Paul Fitts, da abokan aikinsa Richard Jones da John Milton suka ɗora kyamara da madubi a ɗakin tuƙi. Suka ɗauki fim ɗin idanun matuƙa 40 suna saukowa da agogo zalla, suka zauna suna ƙirga hotunan ɗaya bayan ɗaya da hannu: wane agogo aka kalla, na tsawon wane lokaci, daga shi aka koma ina. Aikin haƙuri ne irin na mai tsince tsakuwa a shinkafa. Suka tarar ido ba ya zama a kan agogo ɗaya sai abin da bai kai sakan guda ba, kuma ƙwararru sun fi sababbi gajeren kallo. Daga nan suka fitar da hukunci uku da har yau ake aiki da su. Yawan komawa ga agogo shi ke nuna muhimmancinsa. Daɗewa a kansa na nuna wahalar karanta shi. Agoguna biyu da ido ke yawan kai-komo tsakaninsu kuwa, a ajiye su maƙwabtan juna.

Abin da ya fi burge mu a aikin Fitts shi ne inda ya ɗora laifi. A 1947 shi da Jones sun tattara labarai 270 na matuƙan da suka yi kuskuren karanta agogo, abin da hukuma ke rubutawa a matsayin sakacin matuƙi, suka nuna cewa sau da yawa agogon ne aka zana shi yadda dole wata rana a kuskure. Babban misali ma'aunin bisa mai hannu uku kamar agogon bango, ɗaya na ɗarurruwan ƙafa, ɗaya na dubbai, ɗan ƙarami na dubun goma. Mutumin da ya gaji, cikin dare, zai iya karanta ƙafa 3,000 a matsayin 13,000. Irin wannan bincike ya taimaka wajen sauya jerin Ingila zuwa wanda ya zama ruwan dare daga shekarun 1950: agogon mahaɗa a tsakiya, gudu a hagunsa, bisa a damansa, alƙibla a ƙarƙashinsa, siffar harafin T. Ɗalibin tuƙi a Zariya, inda kwalejin koyon aikin jiragen sama take tun 1964, da takwaransa na kowace ƙasa, abu ɗaya ake koya musu: ido ya tashi daga tsakiya, ya leƙa gudu, ya dawo tsakiya, ya leƙa bisa, ya dawo tsakiya. Kamar uwa mai girki da yaro na rarrafe a tsakar gida, ta dubi tukunya, ta dubi wuta, amma kowane kallo biyu ɗaya na yaron ne. Kuma ba kowane lokaci ake raba kallon daidai ba. In ana hawa, gudu ya fi samun rabo. In an daidaita, bisa da alƙibla.

Akwai wata lamba da malaman tuƙi ke tsorata ɗalibai da ita, sakan 178. Ta fito ne daga gwajin da Jami'ar Illinois ta buga a 1954, inda aka ɗauki matuƙa 20 da ba su da horon agogo aka rufe musu waje. Dukansu jirgi ya ƙwace musu, wani cikin sakan 20, wani ya kai minti takwas, matsakaicin ya zama 178. Abin da ba a cika faɗa ba shi ne an rufe musu agogon mahaɗa a gwajin, kuma manufar masu binciken ita ce su nuna cewa horon 'yan sa'o'i ya isa ya koya wa mutum juyowa ya fita daga gajimaren da ya shiga bisa kuskure. Sun kuwa nuna. Amma rabin labarin mai ban tsoro shi ya fi tafiya. Ba ƙarya ba ne dai: a daren 16 ga Yuli, 1999, John F. Kennedy ƙarami, wanda bai kammala horon agogo ba, ya faɗa teku kusa da tsibirin Martha's Vineyard cikin hazo, da matarsa da yayarta.

Malamai sun kasa kurakuran zagayen ido kashi uku: kafe ido a kan agogo ɗaya, tsallake wani, da fifita wanda bai kamata ba. Na farkon ya fi kisa, kuma ba ya tsoron ƙwarewa. A daren 29 ga Disamba, 1972, jirgin Eastern mai lamba 401, sabon TriStar, ya iso Miami daga New York. Aka sauke tayoyi, 'yar fitilar da ke tabbatar da cewa tayar gaba ta kulle ta ƙi kamawa. Suka hau ƙafa 2,000 suna zagaye a kan fadamar Everglades, suka bar jirgin a hannun na'urar tuƙa-kai, duka mutanen ɗakin suka taru a kan fitilar. Ana cikin haka aka ɗan taɓa sandar tuƙi, na'urar ta saki riƙon bisa, jirgin ya shiga gangarowa sannu a hankali a kan fadamar da babu ko fitila ɗaya. Ƙararrawar gargaɗi ta yi ƙara ba wanda ya kula. Mutum 101 suka mutu. Tayar a kulle take, ƙwan fitilar ne ya ƙone.

Kada kuma a ɗauka cewa gani ya kori ji ya gama magana, domin agogo ma yakan yi ƙarya. Ranar 1 ga Janairu, 1978, jirgin Air India samfurin Boeing 747 ya tashi daga Bombay da dare ya nufi kan teku. Agogon mahaɗa na kyaftin ya maƙale yana nuna karkata dama bayan jirgin ya riga ya miƙe. Kyaftin ya yi abin da aka koya masa, ya gaskata agogo, ya dinga karkatawa hagu. Akwai agogon mahaɗa na mataimakinsa, akwai na uku na ko-ta-kwana a tsakiya, injiniyan jirgin ma ya yi ƙoƙarin jawo hankalinsa gare shi. Ba a kai minti biyu da tashi ba suka shiga ruwa, mutum 213. Wannan shi ya sa ba a ce wa ɗalibi ya kalli agogo kawai, ana ce masa ya sa agoguna su yi wa juna shaida. In mahaɗa ta ce kana kwana dama, alƙibla ta ce hagu kake tafiya, ɗayansu maƙaryaci ne, sai a nemi na uku. Alƙali ba ya yanke hukunci da bakin mutum ɗaya.

Wani abin da ya ƙara dagula lamarin shi ne duniya ba ta taɓa yarda da zane ɗaya ba. A agogon Yammacin duniya ɗan hoton jirgin a kafe yake, layin mahaɗa ke karkata. A na Tarayyar Sobiyat layin ne a kafe, jirgin ke karkata. Kowanne na da hujjarsa, amma wanda idonsa ya girma da ɗaya, in ya firgita a gaban ɗayan, yana iya karanta dama a matsayin hagu. Masu bincike sun lissafa wannan cikin dalilan faɗuwar wani Boeing 737 a birnin Perm na Rasha a watan Satumba na 2008, inda mutum 88 suka rasu.

Daga farkon shekarun 1980, da fitowar Boeing 767 da 757, sannan Airbus A320 a 1988, agoguna masu allura suka fara ba allon talabijin wuri. An kwashe T ɗin nan dungurungum an zuba a allo ɗaya: mahaɗa a tsakiya, gudu a wani zirin lambobi a hagu, bisa a dama, alƙibla a ƙasa. Tafiyar ido ta ragu zuwa faɗin tafin hannu. Amma an ƙaro sabon wurin dubawa, wani ɗan layin rubutu a saman allon da ke faɗin abin da na'urar tuƙa-kai ke yi a halin yanzu, da ma ko tana aiki. Matuƙin da a da yake tuƙi yana duba, yanzu galibi duba kawai yake yi, sa'o'i bakwai ko goma, ba abin da ke faruwa. Ɗan Adam ba gwanin irin wannan gadin ba ne.

Jim kaɗan bayan sha biyun dare, ran 5 ga Mayu, 2007, jirgin Kenya Airways mai lamba 507, Boeing 737-800 da bai fi wata shida da fara aiki ba, ya tashi daga Duwala ta Kamaru zuwa Nairobi, bayan ya taso daga Abijan ya jira hadari ya ɗan lafa. Jirgin na da 'yar ɗabi'ar karkata dama, kyaftin na gyara ta da hannu. Da suka kai wajen ƙafa 1,000 ya saki sanda, ya ba da umarnin a kunna na'urar tuƙa-kai. Ba ta kama ba, kuma ba wanda ya duba layin rubutun nan ya tabbatar. Kusan minti guda babu mai tuƙa jirgin, mutum ko inji. Hankalinsu na kan hadarin da suke son kaucewa, waje duhu ne ƙirin, fiffiken dama na sunkuyawa a hankali yadda kunne ba zai ji ba. Da karkatar ta kai wajen digiri 35 na'urar gargaɗi ta yi magana. Kyaftin ya cafki sanda, ya fara murɗa ta dama, wato ɓangaren da jirgin ke faɗawa. Rahoton hukumar Kamaru da ya fito a 2010 ya ambaci ruɗewar matuƙi game da yanayin jirginsa, bayan doguwar karkata a hankali wadda a cikinta ba a zagaya agoguna da ido ba. Mutum 114 ne a ciki, 'yan ƙasashe fiye da ashirin, 'yan Kamaru suka fi yawa. Sai da aka yi kusan kwana biyu ana nema, har can nesa a kurmin kudancin ƙasar, kafin a gano tarkacen a cikin fadamar Mbanga Pongo, kilomita biyar da 'yan kai daga ƙarshen titin da suka tashi.